Mobile Legends: Yawan kisa ba ya cin wasa, ga abin da ke ci

A watan Disamban 2021 aka gudanar da gasar duniya ta wasan Mobile Legends: Bang Bang karo na uku, wadda ake kira M3, a ƙasar Singafo. Ƙungiyar Blacklist International ta ƙasar Filifins ta shiga gasar kowa na ganin ita za ta ɗauki kofi, sai ga shi a karawarta ta farko a zagayen fitar da gwani wata ƙungiya daga Arewacin Amurka mai suna BTK ta doke ta da ci 3 da 2. Wannan ya jefa ta rukunin ƙasa, inda duk wanda aka sake dokewa sai gida. Blacklist ta bi ƙungiyoyin rukunin ɗaya bayan ɗaya, ta sake haɗuwa da BTK ta rama, sannan ta lallasa ONIC Philippines da ci 4 da nema a wasan ƙarshe, ta tafi da kofi da dala 300,000.

Abin da ya ja hankalin masu kallo shi ne salon wasanta. Kyaftin ɗin ƙungiyar, Johnmar Villaluna, wanda aka fi sani da OhMyV33nus, ya yi suna ne da wani jarumi mai suna Estes, wanda ba shi da wani bugun kirki, aikinsa kawai warkar da abokan wasa. Sauran huɗun sai su taru kusa da shi, su tafi tare, su ci hasumiya tare, su ja da baya tare. Sun raɗa wa dabarar suna UBE, kalmar da a ƙasarsu kuma sunan wata doya ce mai launin shunayya. Dabara ce da kowa yake gani da idonsa, amma aka daɗe ana neman maganinta.

Da yawa daga cikinku da ke buga wannan wasa a waya kun san takaicin da ke cikinsa: ka kashe abokan hamayya goma sha, sunanka na ta fitowa a allo, amma a ƙarshe a rushe fadarku, tauraronka ya ragu. Wanda ya taɓa yin langa zai fi saurin gane dalili. A langa, kowa na ƙoƙarin kayar da abokin karawa, amma idon masu wayo na kan ruwa, domin isarsa wurin sha ita ce ci. Haka Mobile Legends yake. Ƙungiyar da ta fara rushe fadar abokan hamayya ita ce ta yi nasara, ko da kuwa ita aka fi kashewa.

Yadda filin yake

Kamfanin Moonton da ke birnin Shanghai na ƙasar Chaina ne ya fitar da wasan a 2016, kuma ya fi karɓuwa a Filifins da Indunusiya da Malesiya, har aka sanya shi cikin wasannin da ake ba wa lambar yabo a gasar ƙasashen Kudu maso Gabashin Asiya ta 2019. Mutum biyar ne ke karawa da biyar, kowa da jarumin da ya zaɓa daga cikin sama da 120. Hanyoyi uku ne suka haɗa fadojin biyu: ta sama, ta tsakiya da ta ƙasa. A kan kowace hanya kowane ɓangare na da hasumiya uku masu harbi, wato tara ke nan kafin a kai ga fada. Tsakanin hanyoyin akwai daji mai dodanni da ciyayi da ake ɓuya a ciki, sai kogi da ya raba filin biyu.

Kusan kowane daƙiƙa 30 ƙananan sojoji kan fito daga kowace fada su bi hanyoyin uku. Kashe su ne ke kawo zinare da gogewa. Da zinare ake sayen kayan yaƙi, gogewa kuma ke ɗaga matakin jarumi har zuwa 15. A mataki na 4 ne yawancin jarumai ke samun babban makaminsu. Jarumin da aka kashe yakan dawo fili bayan wani ɗan lokaci, kuma wannan lokacin jira yana ƙara tsawo yayin da wasa ke nisa. Ku riƙe wannan, domin za mu dawo kansa.

Kowa da gurbinsa

Kamar yadda ba a cin ƙwallon ƙafa da 'yan gaba goma sha ɗaya, haka ba a cin wannan wasa da maharba biyar. Gurabe biyar ne, kuma kowanne da abin da ake jira daga gare shi.

Mai hanyar zinare galibi maharbi ne irin su Layla ko Miya. A mintunan farko sojojin hanyarsa sun fi ba da zinare, don haka aikinsa shi ne ya tara dukiya ya kuma tsare ransa. Ba shi da ƙarfi a farko, amma idan kayansa suka cika shi ne ke rushe hasumiya cikin ƙiftawar ido. Shi ne ruwan ƙungiya.

Mai hanyar gogewa barde ne da ke iya tsayawa shi kaɗai. Sojojin hanyarsa sun fi ba da gogewa, shi ya sa yake saurin kai wa mataki na 4, ya kuma halarci faɗan farko da babban makaminsa.

Mai hanyar tsakiya galibi mai sihiri ne irin su Eudora. Hanyarsa ta fi gajarta, don haka da ya share sojojinsa sai ya leƙa sama ko ƙasa ya kai ɗauki.

Mai daji shi ke cin dodannin daji, musamman biyun nan masu ba da ƙarin ƙarfi, mai launin shunayya da mai ruwan lemo. Shi ne ke ɗauke da makamin da wasan ke kira Retribution, wanda ke yi wa dodo mummunar illa nan take. Da shi ake ƙwace manyan dodanni.

Ɗan sintiri kuwa shi ne garkuwa ko mai tallafi, irin su Tigreal ko Estes. Yana sayen takalmin sintiri, wanda ke hana shi raba zinaren sojoji da abokansa a farkon wasa. Shi ke shiga ciyawa ya duba ko akwai 'yan kwanto, shi ke buɗe faɗa, shi ke tare bugu. Sunansa ba ya yawan fitowa a jerin masu kisa, shi ya sa yara da yawa ke gudun gurbin. Amma kyaftin ɗin da ya ɗaga kofin M3 a wannan gurbi yake wasa.

Shawara a nan ita ce kowannenku ya ƙware a gurbi biyu, da jarumai biyu ko uku a kowane gurbi. Wanda ya iya maharbi kawai, ranar da wani ya riga shi ɗauka, ya zama kaya ga ƙungiyarsa.

Tun daga zaɓe ake fara cin wasa

Matakan wasan sun fara daga Warrior, sai Elite, Master, Grandmaster, Epic, Legend har zuwa Mythic. Daga Epic ne ake fara zaɓe bi da bi, inda kowane ɓangare ke haramta wasu jarumai sannan a riƙa ɗauka ana kallon juna. A nan ake faɗuwa wasanni da yawa tun ba a shiga fili ba.

Kafin ku gama zaɓe, ku yi wa jerinku tambayoyi huɗu. Wa zai tsaya a gaba ya sha bugu? Wa zai iya daskarar da abokan hamayya ko ya jawo su? Shin bugunmu ya haɗa na ƙarfe da na sihiri? Wa zai rushe hasumiya? Tambaya ta uku tana da muhimmanci, domin idan duk bugunku iri ɗaya ne, abokan hamayya za su sayi sulke iri ɗaya kawai su gama da ku.

Sannan ku dubi abin da suka ɗauka. Idan sun ɗauki Fanny, mai shawagi da igiyoyi, Khufra na iya tare mata hanya. Idan sun ɗauki Tigreal ko Atlas masu tattara mutane wuri guda, babban makamin Diggie na kuɓutar da ƙungiya daga kamu. Idan sun dogara da mai warkarwa irin Estes, akwai Baxia da ke rage warkewa. Wanda zai yi zaɓe a ƙarshe shi ya fi kowa damar ɗauko maganin abokan hamayya, don haka a bar wa wanda ya fi sanin jarumai da yawa wannan gurbin.

Kada kuma ka gwada sabon jarumi a wasan neman tauraro. Akwai wasan atisaye da wasan da ba a lissafa maki. Da muguwar rawa gara ƙin tashi.

Zinare na kan hanya

Kisa na kawo zinare, amma ba shi da tabbas, kuma wasan na rage ladan kashe jarumin da aka yi ta kashewa a jere. Sojoji kuwa suna zuwa ko ka nema ko ba ka nema ba. A cikin minti 10 sahu kusan 20 ne ke bi ta kowace hanya. Duk sahun da ka bari hasumiya ta cinye saboda ka tafi farautar wani a daji, dukiya ce ta salwanta. Saboda haka ƙa'idar farko ita ce: share hanyarka kafin ka tafi ko'ina.

Sojoji na da wani amfanin. Hasumiya na fara harbinsu ne kafin ta harbi jarumi, sai fa idan ka taɓa jarumin abokan hamayya a ƙarƙashinta, nan take za ta juyo kanka. Haka kuma idan babu sojojinka a kusa, bugun da kake yi mata ba ya tasiri sosai. Don haka ba a zuwa cin hasumiya sai da rakiyar sojoji. A minti 5 na farko, hasumiyoyin waje na da wata garkuwa da ke ba da zinare ga mai bugunta, kuma wannan dama ce ga maharbi duk lokacin da abokin karawarsa ya koma gida.

Rushe hasumiya ya fi kisa daraja saboda dalili ɗaya mai sauƙi: jarumi na dawowa, hasumiya ba ta dawowa. Kowace hasumiya da ta faɗi tana buɗe wani yanki na dajin abokan hamayya, ta rage musu wurin fakewa da wurin neman zinare. Duk lokacin da kuka kashe mutum biyu ko uku, tambayar da za ku yi nan take ita ce, me za mu ɗauka kafin su dawo? Idan amsar ita ce komawa gida sayayya, kun yi asarar faɗan da kuka ci.

Game da sayayya, jerin kayan da wasan ke ba ka shawara mafari ne kawai. Ka riƙa buɗe allon maki kana duba wanda ya fi ƙarfi a cikinsu. Idan mai sihirinsu ne ke kashe ka da bugu guda, akwai Athena's Shield. Idan suna yawan warkewa, garkuwa ya sayi Dominance Ice, maharbi ko barde ya sayi Sea Halberd. A ƙarshen wasa, Immortality na ba ka damar tashi nan take sau ɗaya, kuma wannan tashin kan raba gardama.

Agogon wasa

Ƙungiyoyin da suka ƙware ba sa tafiya da ka, da agogo suke tafiya. A minti na 2 Kunkuru ke fitowa a kogi, kuma ƙungiyar da ta kashe shi kowa a cikinta na samun zinare da gogewa. Yakan sake fitowa bayan an kashe shi, har zuwa minti na 8 lokacin da babban dodo da ake kira Lord ke bayyana. Ɓangaren da ya kashe Lord, dodon kan koma nasa, ya bi ɗaya daga cikin hanyoyin yana dukan hasumiyoyi. Daga minti na 12 ƙarfinsa na ƙaruwa, kuma Lord ɗaya a irin wannan lokaci na iya ƙare wasa.

Shirin cin Kunkuru ko Lord na farawa ne kusan daƙiƙa 30 kafin ya fito. Masu hanyoyi su tura sojojinsu gaba, domin abokan hamayya su rasa zaɓi: ko su tsaya share sojoji su makara, ko su zo kogi su bar hasumiya a buɗe. Ɗan sintiri ya riga kowa isa ya kama ciyawar da ke kusa. Mai daji ya tabbatar Retribution ɗinsa na nan bai kashe shi a kan ƙaramin dodo ba. Wanda jininsa ya yi ƙasa ya koma gida tun da wuri ya dawo a cike.

Kuskuren da aka fi yi shi ne mutum biyar su rufu a kan Lord suna bugu, babu mai gadi. Mai dajin abokan hamayya sai ya faɗo daga bayan katanga, ya danna Retribution, ya tafi da dodon da kuka sha wahala a kansa. Mutum biyu ko uku sun isa bugu, sauran su tsaya a mashiga suna korar duk mai zuwa. Lokaci mafi aminci na cin Lord shi ne lokacin da mai dajinsu ya mutu, ko aka gan shi a can ɗaya gefen fili.

Idan kuma kun ga ba za ku iya ƙwatar Kunkuru ba, kada ku je ku mutu a banza. Ku bar musu, ku ci hasumiya ko dodannin dajinsu a ɗaya ɓangaren. Ciniki ke nan: sun ɗauki nasu, kun ɗauki naku.

Ido a kan taswira

Ƙaramar taswirar da ke kusurwar allo ta fi kowane makami amfani, kuma kyauta ce. Ka saba wa kanka kallonta bayan kowane 'yan daƙiƙu, kamar yadda direba ke kallon madubi. Abin da kake yi shi ne ƙidaya. Mutum nawa nake gani a cikinsu? Idan biyu kawai kake gani, to ukun da suka ɓace ka ɗauka wurinka suke zuwa, ka matsa kusa da hasumiyarka har sai sun bayyana.

Ciyawar da ba ka san abin da ke cikinta ba, kada ka shige ta da jarumi mai ƙaramin jini. Ka jefa makami daga nesa, ko ka bar garkuwa ya fara shiga. Franco, mai ƙugiya, da Saber da Eudora duk a cikin ciyawa suke cin kasuwarsu, kuma abincinsu shi ne maharbin da ke yawo shi kaɗai.

Ka kuma lura da abin da abokan hamayya suka riga suka yi amfani da shi. Makamin tsalle da ake kira Flicker sai bayan minti 2 yake dawowa. Idan ka ga Tigreal ɗinsu ya yi amfani da shi, kuna da wannan tazarar da ba zai iya faɗo muku ba zato ba tsammani. Faɗa wa abokanka.

Yaushe ake faɗa?

Sarkin yawa ya fi sarkin ƙarfi. Kafin ku shiga faɗa ku ƙirga kawuna: biyar da huɗu a shiga, huɗu da biyar a ja da baya, sai in akwai hasumiya a bayanku. Abin da ke cutar ƙananan ƙungiyoyi shi ne shiga ɗaya bayan ɗaya. An kama mutum guda, na biyu ya ruga ceto ya mutu, na uku ya bi sahu. A ƙarshe mutum ɗaya da ya kamata a rasa ya zama huɗu. Idan abokinka ya riga ya faɗa tarko, barinsa ya fi, komai zafin abin.

A cikin faɗa kowa da matsayinsa. Garkuwa da barde a gaba, mai sihiri da maharbi a baya, mai kwanto ya jira sai an zubar da manyan makamai sannan ya zagayo ta gefe. Maharbi ya harbi duk wanda ya fi kusa da shi ba tare da ya jefa kansa cikin haɗari ba. Kutsawa tsakiyar mutum biyar don a kai ga maharbinsu aikin wani ne daban. Maharbin da ke raye yana harbin garkuwa ya fi wanda ya mutu yana neman babban kamu.

Kada ku bi wanda ya gudu da ɗan guntun jini har cikin dajinsu. Kwaɗayi mabuɗin wahala. Daƙiƙun da kuka ɓata a binsa sun isa rushe hasumiya, kuma sau da yawa jan ku yake yi zuwa wurin 'yan'uwansa.

A nan ne batun lokacin jira ke shigowa. Mutuwa a minti na 3 ta 'yan daƙiƙu ce. Mutuwa bayan minti na 15 na iya ajiye ka daƙiƙa 40 ko fiye, kuma wannan ya isa a ci Lord a shiga fada. Saboda haka duk yadda wasa ya yi nisa, haka ya kamata tsoron yawo kai kaɗai ya ƙaru.

Idan an fi ku, da idan kun fi

Wasan da aka fara da rashin sa'a bai ƙare ba. Abin yi shi ne a daina faɗa a fili, a tsaya kusa da hasumiya ana share sojoji, a bar wa maharbi da mai daji zinare. Wanda ya yi ta kisa a jere, wasan na ɗora lada mai tsoka a kansa, don haka kama shi sau ɗaya na rage tazara sosai. Haka kuma kayan yaƙi na da iyaka: gurabe shida ne. Idan kuka jure har kowa ya cika kayansa, fifikon zinarensu ya zama tarihi, faɗa ɗaya ne zai raba ku. Idan Lord ɗinsu ya taho, ku fara share sojojin sauran hanyoyin, sannan ku tare shi a ƙarƙashin hasumiya.

Idan kuma ku ne a gaba, ku gaggauta mayar da fifikon zuwa hasumiyoyi. Ku cinye dajinsu, ku tura hanyoyi uku lokaci guda, ku ci Lord, ku jira shi ya iso tare da sojoji kafin ku afka fada. Tsayawa a ƙofar fadarsu ana neman ƙarin kisa don ado shi ne hanyar da aka fi bi wajen mayar da nasara faɗuwa.

Baki shi ke yanka wuya

Wasan na da alamomin gaggawa uku: a kai hari, a ja da baya, a taru. Su kaɗai sun isa tafiyar da ƙungiyar da ba ta san juna ba. Idan da abokai kuke wasa kuna magana da murya, ku naɗa mutum ɗaya mai yanke shawara, galibi ɗan sintiri ko mai daji. Shawara mai rauni da mutum biyar suka bi tare ta fi shawara mai kyau da mutum biyu suka bi, uku suka ƙi. Maganar ta zama gajera: wa ya ɓace, wa ya zubar da makaminsa, ina za a nufa.

Zagi kuwa bai taɓa gyara wasan kowa ba. Wanda aka zaga yakan rikice ko ya yi zuciya, mai zagin kuma yatsunsa na kan rubutu maimakon wasa. Idan wani ya dame ka, akwai maɓallin toshe saƙonninsa. Idan ka faɗi wasa biyu a jere, ajiye wayar. Wasa na uku da ake bugawa cikin fushi ba kasafai yake zuwa da alheri ba.

Babu dabarar da ba ta da magani

A watan Janairun 2023, a birnin Jakarta, Blacklist ta sake kai wa wasan ƙarshe na gasar duniya ta M4. A wannan karon wata ƙungiyar Filifins ɗin, ECHO, ita ce ta doke ta da ci 4 da nema, irin cin da ita ma ta yi wa ONIC shekara guda da 'yan makonni kafin nan. Duk salon da ya yi suna, akwai masu zama su yi nazarinsa. Ga kuma kamfanin da ke sabunta wasan a kai a kai, yana rage wa wannan jarumi ƙarfi yana ƙara wa wancan, wani lokaci ma ya taɓa lokutan fitowar dodanni. Don haka karanta bayanin kowace sabuntawa na cikin shiri.

Hanya mafi sauri ta ƙwarewa ita ce kallon maimaicin wasan da ka faɗi. Ka tsaya a kan kowace mutuwa taka ka tambayi kanka: mutum nawa nake gani a taswira a lokacin? Me na je nema a wurin? Idan kuma kana kallon wasan ƙwararru a YouTube, ka ɗauke ido daga kisa, ka dubi inda suke tsayawa daƙiƙa 30 kafin Kunkuru.

Waya, data da lokaci

Akwai abubuwan da ke wajen fili amma suna cin wasa. Kafin ka shiga neman tauraro, duba lambar saurin intanet da ke allo: kore alama ce ta lafiya, ja kuwa ka haƙura. Ka tabbatar da cajinka zai kai, domin wasa ɗaya na iya cin minti 20, kuma wanda ya fita a tsakiya wasan na rage masa makin ɗa'a, ga mutum huɗu da ya bari a cikin wahala. Saboda wannan dalilin, kada ka fara wasa alhali ka san an kusa kiran salla ko akwai aiken da ke jiranka. Rage ƙawar hoto a saituna na taimaka wa ƙaramar waya ta daina sarƙewa. Rigunan ado da ake saya da kuɗi kuwa, ƙarin ƙarfin da suke bayarwa ɗan mitsitsi ne, bai kai a taɓa kuɗin makaranta ko na tara saboda shi ba.

A 2019 Hukumar Lafiya ta Duniya ta amince da sanya jarabar wasannin bidiyo cikin kundinta na cututtuka, wanda ya fara aiki a Janairun 2022. Alamomin da ta bayyana su ne mutum ya kasa iyakance wasansa, ya fifita shi a kan sauran harkokin rayuwa, ya kuma ci gaba duk da yana ganin illar. Yawancin masu wasa ba su kai nan ba, amma yana da kyau kowa ya san alamomin. Ka yanke adadin wasannin da za ka buga kafin ka buɗe wayar, ka bar su zuwa ƙarshen mako ko bayan ka gama aikin gida, kuma idan WAEC ko NECO ko JAMB ta ƙarato ka jingine neman tauraro gaba ɗaya. Tauraron da ya ragu ana iya dawo da shi a mako guda, jarrabawar da aka faɗi kuwa sai wata shekara.

Ga aikin da za ku gwada a wasanku na gaba, ku biyar: ku manta da allon kisa, ku ƙirga Kunkuru nawa kuka ci, hasumiya nawa kuka rushe kafin minti na 10, da sau nawa wani ya mutu shi kaɗai nesa da 'yan'uwansa. Ku rubuta lambobin uku bayan kowane wasa har wasa goma, sannan ku kwatanta su da sakamakon.